Tsohon da Ya Bi Ƙasar Gonarsa Gida-Gida

Daga Allah muke, kuma gare shi kowa zai koma. Surukina, mahaifin mai ɗakina, ya rasu a tsakiyar daminar da ta wuce, a ƙauyensu da ke ɓangaren Maradun, geron da ya shuka yana fitar da kai. Ba zan rubuta sunansa ba, domin ban taɓa kama shi da bakina ba yana raye. Baba nake ce masa, Baba zan ce masa a nan. Ni mahauci ne a Talata Mafara. Da girmana na koyi rubutu a ajin manya, hannuna ba ya sauri, amma mai ɗakina ta ce in daure in rubuta ko da kaɗan-kaɗan ne, kada a bar jikokinsa da labarin dariya kawai.

Dariyar kuwa tun a wurin zaman makoki aka fara ta. Wata tsohuwa taubashiyarsa ta zo daga Bakura tana kuka tun daga bakin hanya. Da ta iso ƙofar zaure sai ta tsaya, ta daki bango da tafin hannu, ta ce, "To bango, ka huta! Mai jiran ka hwaɗi ya riga ka hwaɗuwa." Maza suka yi dariya ba shiri, sannan kowa ya sunkuyar da kai. Ita ma ta ja gyalenta ta rufe fuska ta shige ciki.

Akwai wani dattijo daga unguwar baƙi, wato unguwar mutanen da ruwan dam ya tasa daga garuruwansu suka zo suka zauna a nan. Tun safe yana ƙarshen tabarma, ba ya cewa komai sai amin. Da la'asar aka miƙo masa fura ya ƙi sha. Ya ce, "Ɗakin da nike kwana ciki, gonar mutumen ga ce." Samarin da ke wurin suka dubi juna, sun ɗauka tsufa ne ya taɓa shi. Mu kuwa mun san abin da yake nufi.

Ranar sadakar uku wani mai motocin tifa ya zo daga Mafara. Na san shi, yana sayen nama a wurina, kuma ban san shi da mugun hali ba. Ya tuɓe takalmi, ya durƙusa, ya bi kowa da gaisuwa da ya haƙuri, ya yi addu'a mai tsawo, bai ce uffan a kan dutse ba. Amma da zai tafi, babban ɗan Baba, wanda mai ɗakina ke kira Yaya, ni ma nake kiransa haka, ya raka shi har bakin mota, suka daɗe a tsaye suna duban tudun da ke gabas da gari. Duk wanda ke kan tabarma ya san abin da ake dubawa. Gonar Baba ce. Rabinta na gaba an taɓa haƙe shi an kwashi marmara, jan dutsen da ake zuba wa hanya, kuma Baba ya ƙarar da sauran rayuwarsa yana cike ramin har ya koma gona. Rabinta na baya ba a taɓa ba, marmarar tana nan kwance, ita mai tifa ke so. Sai dai babu ta inda mota za ta kai can in ba ta bi ta kan abin da Baba ya gyara ba, domin gefe ɗaya maƙabarta ce, ɗaya gefen kwazazzabo. Da wannan magana a zuciyar kowa aka watse daga makokin.

Ga yadda ramin ya samo asali. Lokacin da aka fara aikin dam na Bakolori, Baba yana da gona biyu, ɗaya a fadama, ɗaya a tudu. Ta fadamar ta faɗa cikin filin da ake daidaitawa don noman rani, aka yi damina ba a shuka ta ba, aka sake wata. Rumbu ya yi ƙasa. A nan ne wani ɗan kwangila mai neman marmara ya zo ya ce ya ga tana da kyau a gonar tudu. Baba ya yi shawara da Inna, matarsa, ya yarda. Har ya mutu bai taɓa cewa an cuce shi ba. Cewa yake, "Idona buɗe nas sayar. Yunwa ta yi ciniki, ni na amsa."

Mai tuƙa katafilar da aka kawo don haƙar baƙo ne, Hausarsa ba ta nuna ba. Kafin ya fara haƙa sai da ya kankare baƙar ƙasar sama duka, ya tara ta tuli guda a bakin gonar, tulin ya fi ɗaki tsawo. Ya sauko ya kama hannun Baba ya kai shi wurin, ya ce, "Baba, wannan shi ne gona naka. Ka tsare shi. In mun gama, ni zan tura shi ya koma."

Ba a daɗe ba mutanen da ruwa ya tasa suka fara isowa da kayansu a kan jakai. Mai gari ya nuna musu fili kusa da gonar. Hadari ya fara haɗuwa, ga su a gindin itatuwa da mata da yara, ga ƙasa a tare, an riga an haƙe ta, tana kallonsu. A wajenmu kuwa ba a hana mutum ƙasar gini, kamar yadda ba a hana shi ruwan sha ko garwashin hura wuta. Na farko ya zo ya yi doguwar gaisuwa, ya ce ta ɗaki ɗaya yake roƙo. Baba ya ce ya ɗiba. Na biyu ya zo ya ce ya ga an ba wane.

Inna ta ba ni labarin da bakinta. Ta ce ta tare shi a tsakar gida ta ce, "Malam, ba ka ji abin da mai mota yac ce ba?"

Ya ce, "Na ji."

"To?"

"To in ce da mutum mi? Gidanai na ƙarƙashin ruwa, ɗiyanai na kwana a waje. In ce mishi ƙasata ta hi ɗiyanai? Tuli na da yawa, ba su iya ƙare shi."

Sun ƙare shi. Ranar da aikin haƙa ya ƙare, mai katafila ya cika alkawari, ya juyo da motarsa don ya mayar da ƙasa, ya tarar da wurin a share kamar masussuka. Ya kashe inji ya sauko. Ya ce, "Baba, ina gona?" Baba ya nuna masa sababbin ɗakuna da katangu jere a unguwar baƙi, ya ce, "Ga ta can, ana kwana ciki." Mutumin ya ɗora hannu a ka, ya daɗe a haka, sannan ya hau motarsa ya tafi.

Abin da aka bar wa Baba rami ne ja, mai faɗi, ƙasansa tauri kamar daɓe. Ko ciyawa ba ta fitowa. Da damina ruwa ya taru ya yi kore, sauro ya hana gabashin gari barci, awaki suna faɗawa, har maraƙin wani ya mutu a ciki. In ya cika ya ɓalle ta gefen kudu, ya bi gonakin maƙwabta yana yanka, kwazazzabon da a da yaro ke tsallakewa ya zama sai an zagaya. Ta arewa kuma bakin ramin yana zaizayewa yana matsowa wajen maƙabarta. Ba wanda ya zo ya ce wa Baba laifinka ne. Gaisuwa ce dai ta gajarce.

Sai bangaye suka fara faɗuwa. Baƙar ƙasa ta noma ce, ba ta riƙe gini kamar ja. Bayan 'yan damuna, duk ruwan da aka yi mai ƙarfi sai a wayi gari katangar wani ta zube a unguwar baƙi. Ranar da ta farko ta faɗi, Baba ya je jaje kamar kowa. Ya durƙusa ya damƙi ƙasar, ya murza, ya sansana. Ya tashi ya tafi, ya dawo da jaki da mangala.

Daga nan ya zama aikinsa. Amma bai taɓa kwasar ƙasar kowa a banza ba. In bangonka ya faɗi, zai zo ya gaishe ka, ya tambayi lafiyar iyali da ta dabbobi, ya yi maka jaje, sannan ya ce, "Ka ba ni baƙa in kawo maka ja. Baƙar ta hi son gero, jar ta hi son tsayuwa." Ya haƙo jar ƙasa daga bakin ramin da diga, ya kai maka har ƙofar gida, ya kwashe baƙar ya kai rami. Mangala da mangala. Mutane suka mai da abin wasa. In hadari ya taso, sai ka ji wani ya ce wa maƙwabcinsa, "Tokare bangonka, na ga tsoho na ɗaure wa jaki mangala." Shi ma yakan taya su. In ya wuce katanga mai tsaga sai ya tsaya ya ce mata, "Ba ni gaggawa. Ki gama aikinki."

Akwai wata mata a unguwar da mijinta ya rasu ya bar ta da yara. Ɗakinta ya tsage daga sama har ƙasa, tana kwana a ciki don ba ta da wani. Wannan Baba bai jira ya faɗi ba. Ya kawo jar ƙasa, ya kwaɓa da ƙafarsa, ya yi tubali, ya nemi magini, aka tayar mata da sabo a gefe. Sai da ta kwashe kayanta ta koma, sannan ya sa aka rushe tsohon. Ta zo godiya, ya ce, "Ke kika yi mini ajiya. Ni ya kamata in gode."

Ni a wannan lokacin na shigo gidan. Da aka ba ni mai ɗakina, na tara abokaina mahauta muka zo gayya kamar yadda ake yi wa suruki, kowa da fartanyarsa. Baba ya dube mu, ya dubi hannuwanmu, ya ce, "Ku ɗiyan Rundawa, mi kunka sani ga noma? Za ku sare mini gero ku bar ciyawa." Abokaina suka fashe da dariya, ni kuwa kaina a ƙasa. Ya ce, "In kana son ka yi mini aiki, abin da kuke zubarwa a bayan kwata nike so. Wanda kuke hiddawa cikin tumbi."

Na ce, "Baba, wannan ai ƙazanta ce."

Ya ce, "Gare ka. Ciyawa ce wadda saniya ta riga ta tauna mini."

Tun daga nan, kowace Talata in kasuwa ta tashi, nakan tara masa a bayan kwata, ya turo jakai kashegari. Abokan sana'ata sun sha yi mini tsiya. Wani ya ce kowa ya biya sadaki sau ɗaya ya huta, ni nawa kashin shanu ne kuma ba ya ƙarewa. Ban ji haushi ba. Na ga inda yake zuwa.

Bayan kaka kuma yakan je Damaga ya roƙi wani Bafillatani abokinsa ya kawo shanu su kwana a cikin ramin, ya ba shi dawa, alhali gidan ma dawar ba ta isa ba. Ya bi daji yana tono gindin gamba yana dasawa layi-layi inda ruwa ke ɓallewa. Ya tsinci 'ya'yan gawo da na bagaruwa a cikin kashin awaki ya binne, ya kewaye kowane da ƙaya. Wasu suka mutu, ya sake. Bai san wata hanya ta sauri ba, kuma ban ga alamar yana neman ta ba.

Rigimar da ba na mantawa ita ce ta shanun huɗa. Baba yana da bijimai biyu, su ne ƙarfin gidan. Yaya kuwa yana da fili a bakin gulbi ta wajen Bakura, yana ban ruwa da jigo har kafaɗarsa ta kumbura, ga maƙwabtansa sun fara sayen injin ban ruwa suna fitar da albasa da alkama mota-mota. Ya sa rai in za a sayar da bijiman nan, inji za a saya. Sai Baba ya sayar da su ya ƙaro jakai, ya ɗauki 'yan ƙodago suka fasa bakin ramin suka kwantar da shi. Ina zaure ranar, na zo gaisuwa, ban sami hanyar fita ba.

Yaya ya durƙusa kamar yadda ya saba. Ya ce, "Baba, abin da ka zuba ramin ga, da gona anka saya da an sayi wadda ta hi ta. Malamin gona ma ya hwaɗi haka."

Baba ya ce, "Gaskiya yah hwaɗi. Ni ma na san haka."

"To don mi? Inji guda na ciyar da gidan ga duka. Ramin ga mi yab ba mu? Sauro ya ragu, kwazazzabo ya tsaya, kowa na jin daɗi. Wa ya kawo maka ko mudun dawa? Gari na cin amfani, mu muna biya."

Baba ya murza carbi, ya ce, "In na sayi wata gona na tahi, ramin bin ni zai yi? Yana nan. Ruwa na ci gaba da cin gonar mutane, yana isa ga kabarin ubana, kakanka. Ni nas sayar da dutsen, ni na ba da ƙasar. Wa zan bar wa?"

Yaya ya ce, "Mu kake bar wa, Baba. Mu da ɗiyanmu. Matattu ba su jin yunwa."

Ban taɓa jin an faɗa wa Baba magana mai nauyin wannan ba. Bai yi faɗa ba. Ya tashi ya ɗauki butarsa ya fita. Yaya ya kwashe iyalinsa ya koma Bakura a ranin nan. Bai yanke zumunci ba, yana zuwa da Salla, yana aiko da abin da ya samu, amma bai ƙara taka gonar ba. Injin kuwa har yau bai saya ba. Yana nan da jigo, gashinsa ya fara fari, gidansa cike da baki.

Na daɗe ina juya maganar su biyun a raina, a kan hanya da wurin aiki, ban iya cewa ɗaya ya yi ƙarya ba. Na ga shekarun da Inna ke auna hatsi a kasuwa alhali mijinta manomi ne. Na ga jakai sun mutu a kan aikin nan, na ga bayan Baba ya lanƙwashe har ba ya iya duban sama sai ya juya gefe. Geron da gonar ta fara bayarwa bai kai ladan wahalar ba, ko kusa. Na kuma ga abin da idona ya gani: inda ake toshe hanci a wuce, yau mata na yankan gamba suna saƙa zana. Gawo ya yi girma, da rani awakin gari duka a ƙarƙashinsa suke wuni. Gonakin kudu sun daina zaizayewa, masu su sun manta an taɓa yi. Maƙabarta tana nan inda take. Wanda ya biya daban, waɗanda suka huta daban, kuma ban san wace kasuwa ake kai irin wannan a auna ba.

Ciwon ajalinsa bai yi tsawo ba. Na je duba shi da hantsi bayan an kwana ana ruwa. Yana kwance, idonsa a rufe, Inna na yi masa fifita. Na gaishe shi, ya amsa da ƙyar. Can ya buɗe ido ya ce, "An sha ruwa. Bangon wa yah hwaɗi?" Inna ta ce, "Malam, ka ji tsoron Allah, kana wannan hali?" Ya yi murmushi ya ce, "Tambaya kawai niy yi." Ban ƙara jin muryarsa ba.

Da aka zo maganar gado, Yaya da ƙanensa suka ce su rabin baya suke so, za su ba mai tifa ya haƙa, Yaya ya sayi injinsa, ƙanen ya gyara gidansa. Ba wanda ya hana su, haƙƙinsu ne. Rabon mai ɗakina da na Inna ya faɗa a gaba, inda Baba ya cike. Sai maganar hanya ta taso. Yaya ya zo har gidana a Mafara ya roƙi ƙanwarsa ta bari mota ta bi ta cikin nata. Mai ɗakina mace ce mai sanyi, ban taɓa jin ta ɗaga wa yayanta murya ba, amma ranar ta ce, "Yaya, da hannuna na kai mishi abinci cikin ramin ga tun ina budurwa. Ban iya ganin taya a kai. Ka yi haƙuri."

Ya ce, "Ke kina gidan mai nama, kina ci kina ƙoshi. Zo ki ga nawa gidan."

Ya tashi ya bar ruwan da ta kawo masa bai sha ba. Ta wuni tana kuka. Ni ban sa baki ba, ba gadona ba ne, kuma duk wanda na goyi bayansa na ɓata da ɗayan.

Labari ya kai wa Inna tana cikin takaba. Ta aiko cewa kada wanda ya auna komai, kada wanda ya sa diga, sai ta fita ta ga gonar da idonta. Aka jira. Aka yanke geron Baba na ƙarshe, aka ɗaure, aka kai rumbu, Yaya da ƙanwarsa ba sa ga maciji.

Ranar da ta fita takaba, ta yi wanka, ta sa sabon zane, ta ce a kira su duka, har da liman da zai yi rabon. Muka bi ta zuwa gonar. Ta shiga tana tafiya a hankali tsakanin kututturan gero, ta taɓa gamba, ta tsaya a ƙarƙashin gawo ta ɗaga kai ta dube shi. Yaya ya tsaya a bakin hanya, sai da liman ya yafuto shi sannan ya shigo.

Yaya ɗan fari ne. Inna ba ta taɓa kiran sunansa ba, ba ta zama ta yi hira da shi, ko ciwo yake yi sai dai ta aiki wani ya tambayo. Haka aka san uwa da ɗan fari a wajenmu. Ranar ma ba ta dube shi ba. Liman ta fuskanta.

Ta ce, "Malam, rabona dole sai an yanka shi a dunƙule?"

Liman ya ce, "A'a, Inna. In magada sun yarda, yadda kike so."

Ta ce, "To a auna mini shi a tsaye. Hwaɗin mota, tun daga bakin hanya har ya isa ga na wancan." Ta nuna Yaya da haɓa. "Na ba shi ya bi."

Mai ɗakina ta ce, "Inna!"

Ta ce, "Yi shiru. Naki na nan, ba mai taɓa shi, ki noma ki ci. Ni na san abin da gonar ga tac ci, don a tukunyata anka rage. Ta ci bijimai, ta ci jakai, ta ci bayan ubanku, ban ce komi ba, don shi yaz zaɓa. Amma ba ta cin zumuncin ɗiyana ina da rai."

Yaya ya durƙusa a cikin kututturan, ya rufe fuska da hularsa. Inna ta juya ta kama hanyar gida, ba ta waiwaya ba. Liman ya sa aka ja igiya. Layin ya bi ta tsakiyar gambar da Baba ya fara dasawa, ya ɗauki bagaruwa da ƙaramin gawo guda. Aka sare su kashegari.

Ina wurin ranar da tifar farko ta shiga. Ta wuce lafiya ba kaya. Da ta yi lodi ta juyo, tana kaiwa tsakiyar inda ramin yake a da, sai tayoyinta suka nutse. Direba ya taka, ta ƙara zama. Aka kawo shebur aka haƙa ƙarƙashinta, abin da ke fitowa baƙar ƙasa ce mai laushi, da saiwoyi a ciki, ana haƙa ana neman jan dutse ba a kai gare shi ba. Mai tifa ya tsuguna ya damƙi ƙasar ya ce, "Wannan duka da jaki?" Sai da aka juye marmarar da ke cikin motar a kan hanyar, aka baje ta, aka daddanne, sannan ta fita. Yaya da kansa ya riƙe shebur yana bajewa, hawaye na bin gemunsa. Yanzu jar hanya ce ta ratsa gonar, motoci na bi suna komowa, kuma a bayanta wani sabon rami ya fara buɗe baki.

Da yamma na shiga gaida Inna. Tana zaune a ƙofar ɗaki tana tsince wake. Ta tambaye ni ko motar ta shiga, na ce ta shiga. Na gaya mata abin da ya faru. Ta dakata da tsintar.

Ta ce, "Ta nutse?"

Na ce, "Har ciki, Inna."

Ta daɗe tana duban faifan da ke cinyarta. Sannan ta ce, "Ashe ya gama cike ramin. Bai hwaɗa mini ba."

Allah ya jiƙan Baba, ya yafe masa abin da muka sani da wanda ba mu sani ba, ya ba Inna da 'ya'yansa haƙurin rashinsa, ya sassauta masa ƙasar da aka rufa a kansa. Amin.